Sunan da Ke Ƙarƙashin Fenti

Akwai wata magana da ke yawo a tsakaninku, ku 'ya'yana da jikokina, kuma tun da an rasa mai ƙarfin halin da zai faɗa mani ita ido da ido, bari in ba ku amsa a rubuce. Wai shekarar da matar Auta ta haihu na hana a yi mani takwara, na yi wata biyu ina mayar da abincin da take aiko mani, na sa mace mai tsohon ciki kuka, duk saboda taurin kai irin na tsohuwar shugabar makaranta da ta saba a ce mata to. Na ji har an ƙara gishiri, an ce na jefi Auta da carbi. To, maganar carbi gaskiya ce, sai dai bai same shi ba, ƙofa ya samu. Abincin ma na mayar, kukan ma an yi. Abin da ba ku sani ba shi ne dalili, kuma laifina ne da ba ku sani ba, don ni na rufe shi shekara hamsin da ɗoriya.

Kun tashi kun ji ana ce mani Malama, daga baya Hajiya Malama, takarduna kuma duk Maryam ne a jikinsu. Marigayi mahaifinku mutumin Mashi ne, ba a unguwarmu ya girma ba, in ma ya taɓa jin ina da wani suna, har ya koma ga Allah bai nuna mani ba. Amma ni ba da Maryam na tashi ba. Sunan da na buɗe ido na ji ana kira na da shi a gidanmu, can bayan rijiyar Kusugu a nan Daura, shi ne Ayashe.

Inna, mahaifiyata, ta haifi huɗu kafin ni, biyu maza biyu mata, babu wanda ya kai yaye. Mata suka fara ce mata mai wabi, wato wadda 'ya'yanta ba sa zama. Da aka haife ni, tsofaffin unguwa suka yi abin da ake yi a lokacin. Kafin ranar suna suka naɗe ni a tsumma, suka kai ni juji a bayan gida suka ajiye, kowa ya juya baya kamar ba abin da ya dame shi. An riga an shirya da maƙwabciyarmu, Iya Mai Daddawa, cewa za ta zo wucewa. Ta zo ta ɗauke ni, ta yi sallama a ƙofar ɗakin Inna.

"Ga wata 'yar tsintuwa na samo a bayan gidanku. Akwai mai so?"

Inna ta juya fuskarta bango kamar yadda aka koya mata, ta ce, "Mu ba mu da bukata. A yashe ta can."

Kakata ta ce, "To tunda an riga an kawo, a ajiye ta nan gefe."

Sunan ke nan, ma'anarsa ke nan: a yar da ita, ba mai so. Wai in mutuwa ta ga ba a damu da yarinya ba, sai ta wuce ta nemi wadda ake ji da ita. Ba sai kun tuna mani camfi ne ba. Shekara talatin da biyar na yi a gaban allo ina yaƙi da camfi, na san mutuwa ba ta ruɗewa da juji. Amma matar da ta ga an fita da gawa huɗu daga ɗakinta, in aka ce mata ta juya fuska bango, juyawa za ta yi. Ranar suna Baba ya dawo daga fataucinsa na kanwa da dabino ta hanyar Kongolam, ya yanka rago, ya sa mani sunan mahaifiyarsa, Maryam. Ku riƙe wannan da kyau, don a nan maganar take. Maryam sunan uwar mijin Inna ne, kuma mace irin Inna gara ta haɗiye harshenta da ta furta sunan surukarta. Saboda haka suna ɗaya tak take da shi na kira na a duniya.

Ta kuwa more shi. In tana madafa ta rasa ni, sai ta ɗaga murya ta raba sunan gida uku, ta ja na ƙarshen har sai numfashinta ya ƙare. Masu ɗiban ruwa a bakin rijiya sukan ce mani, ke yi gudu, ga Innarki can. Bayana ta haifi ƙanwata Lami, ita ma ta zauna, amma Lami ba ta taɓa samun irin wannan kira ba, har yau tana mita a kai.

Ina shekara goma sha uku aka ɗauke ni makarantar kwana ta 'yan mata a Katsina. Baba ya sayo akwatin ƙarfe kore, ya kira mai fenti ya zo zaure ya rubuta suna a jiki. Mutumin ya tambayi abin da zai rubuta, kafin Baba ya buɗe baki Inna ta amsa daga bayan ƙofa, shi kuma ya rubuta da farin fenti, manyan baƙaƙe, ana hango su daga nesa. Ranar farko a ɗakin kwana wata yarinya 'yar gidan ma'aikata, mai suna mai daɗi da takalmi mai igiya, ta tsuguna ta karanta da ƙarfi.

"Wa ya yashe ki? A wace bola aka tsinto ki?"

Kafin sati ya zagayo na zama 'yar juji. In an share ɗaki an tara shara, sai a ce a kira mai ita. Ban kai ƙara ba, ban yi kuka a gabansu ba. Na lallaɓa wurin kafintan makaranta na roƙi ragowar koren fenti, na shafe sunan, na rubuta Maryam a kai da hannuna, a karkace. Na tsaya kai da fata, duk wadda ta kira ni da wani suna ban amsawa, har malamai suka bi. Magana ta fara lafawa ke nan sai ga ranar ziyara. Inna, wadda ba ta taɓa wuce ƙofar gari ba, ta hau babbar mota ta zo Katsina da ƙullin dakuwa da ƙuli-ƙuli da yaji. Ta tsaya ƙarƙashin darbejiya a cikin iyaye, ta duba ba ta gan ni ba, sai ta yi abin da ta saba. Ta ɗaga murya ta raba sunan gida uku, ta ja na ƙarshen. Duk filin ya ji. Na ji dariya ta tashi a bayana, na ji kamar ƙasa ta tsage in shige. Na ruga na kama hannunta na ja ta bayan aji, ko gaisuwa ban yi ba.

"Inna, don Allah kar ki ƙara kira na da sunan nan. Sunana Maryam."

Ta dube ni, ta dubi ƙullin da ke hannunta. "Shi wancan ai kin san ba ya faɗuwa a bakina."

"To ki bar kira na ɗin gaba ɗaya mana."

Ta ce, "To."

Wannan "to" ɗin shi ne abin da ya fi ba ni haushi a duk rayuwata, kuma har yau da nake rubutun nan haushin bai huce ba. Wace irin uwa ce ke jin maganar yarinya 'yar shekara goma sha uku? Matar nan ta taɓa zane ni da muciya don na zubar da tsabar gero cikin tafin hannu. In na ce ba zan yi shara ba, kunnena ne ke shan wahala. Amma na faɗi maganar da ta fi kowace magana cancantar mari, sai ta ce to, ta kuma cika. Da na zo hutu ta ce mani "ke". Daga baya na zama "'yar boko". Da na fara koyarwa ta bi bakin mutane ta ce Malama, kamar wata baƙuwa da ta zo rajistar ɗanta. Shekara ashirin da shida ta yi a duniya bayan ranar nan, ko sau ɗaya bakinta bai suɓuce ba. Ni kuma ina nan ina jira ya suɓuce. Nakan yi nisa da gangan in tana nema na, in laɓe a bayan rumbu da girmana da 'ya'yana, ko za ta manta ta ɗaga murya. Sai dai ta aiko Lami. Maganar da za ta gyara komai ba ta wuce kalma uku ba, Inna kira ni, amma girman kai ya hana ni, kullum ina cewa sai wani zuwan. Ranar da za ta rasu ina zaune a gefenta, ta buɗe ido ta ce, "Malama, ba ni ruwa." Na ba ta, ta sha, ba ta ƙara cewa komai ba.

Yanzu sai mu zo shekarar da kuke tsegumi a kanta. Auta, wato Nasiru, yana aiki a Abuja, matarsa Fa'iza ma tana aiki. Iyayenta 'yan nan Daura ne. Shekararsu bakwai da aure ba haihuwa. Na san an yi ɓari sau ɗaya a farko, daga nan shiru, ni kuma na yanke hukunci a raina cewa tsarin iyali suke yi saboda aikin ofis. Ban ɓoye ba. In sun zo Sallah nakan ce, ko sai an yi ritaya za a haihu? Ita sai ta yi murmushi ta sunkuyar da kai, ni kuma in ɗauka rashin ta-ido ne irin na 'yan zamani. Da Allah ya kawo ciki ya kai wata bakwai, ta dawo gidan iyayenta goyon ciki.

A lokacin na riga na gaji da sunayen da kuke sa wa 'ya'yanku. Afnan, Nawwara, Ilham, da wasu da in an faɗa sai in ɗauka sunan turare ne ko maganin tari. Jikoki mata tara gare ni a lokacin, rabinsu "ke" nake ce masu don sunayen ba sa zama a kaina. Ana cikin haka sai yayi ya juya. Aka wayi gari 'yan gayu sun gano sunayen kakanni, ana buga Tabawa da Gwamma da Delu a jikin kofuna da jakunkunan rabo, da ruwan zinare da zanen furanni. Sunayen da aka yi wa masu su dariya har suka gudu suka bar su, su ne yanzu abin ado a waya. Ina kallo ina taɓe baki, ban san abin yana tafe ƙofar ɗakina ba.

Wata Asabar da hantsi Auta ya shigo, ya zauna a kan tabarma yana sosa ƙeya, alamar da na sani tun yana firamare.

"Hajiya, likita ya ce mace ce. In Allah ya sauke ta lafiya, takwara za mu yi maki."

Na ji daɗi, ban ɓoye ba. Na ce, "Allah ya raba lafiya. Maryam ta uku ke nan a gidan, sai ku nemo abin da za ku riƙa ce mata."

"Ai har da ɗaya sunan muke so."

"Wane ɗaya?"

"Na jikin akwati."

Akwatin nan kore yana ɗakina har yau, zannuwan da ba na ɗaurawa nake zubawa a ciki. Ashe da Fa'iza ta taya ni gyaran ɗaki a Sallar da ta wuce, ta sa jiƙaƙƙen tsumma ta goge shi, fentin kafinta ya riga ya tsufa yana ɓarewa, na mai fentin Baba kuwa yana nan daram a ƙasa. Ta karanta, ba ta ce mani uffan ba, ta tafi wurin Lami. Lami kuwa kun san ta, in ka tambaye ta hanyar kasuwa sai ta haɗa maka da tarihin wanda ya gina ta. Auta ya zaro waya ya miƙo mani. Ga hoton kek, ga kofi, ga jaka, kowanne da sunan a jiki da ruwan zinare, an zagaye shi da furanni da wani malam-buɗe-littafi.

"Kin ga yadda ya yi kyau, Hajiya. Yana da daɗin ji, kuma ba kowa ke da shi ba. Yanzu sunayen da ake yayi."

A nan ne carbi ya tashi. Sunan da uwata ta mutu da shi a maƙogwaro, shi ne aka ɗora wa malam-buɗe-littafi don ba kowa ke da shi ba. Na ce mashi ya fita, kuma in na ji an sa wa yarinyar nan wannan suna, ƙafata ba za ta taka wurin ba. Na kira Lami a waya na wanke ta tas, ita kuma ta ce, "Yaya, ke dai kin cika riƙo," ta kashe. Duk wanda aka turo ban baki na ba shi hujjoji uku, a jere kamar ina gaban aji. Na ɗaya, camfi ne. Na biyu, yara ba su canza ba, in sun ji ma'anar sai sun mai da ita 'yar juji. Na uku, wanda ya fi ba ni mamakin rashin tunanin: Maryam sunana ne, wancan ma sunana ne, daga uban har uwar ba wanda zai iya furta ko ɗaya. Suna biyu za a jibga wa yarinya, a ƙare ana ce mata Mimi. Kowa ya ce hujjojin sun yi, ba wanda ya san ba su ne dalilin ba. Kowace Juma'a Fa'iza takan aiko mani da kular abinci daga gidansu, tuwon shinkafa da miyar taushe irin yadda nake so, ni kuma in mayar ko buɗewa ban yi ba. Sau takwas aka yi haka.

A Juma'a ta tara, bayan la'asar, ita da kanta ta kawo, cikin ya tsufa har tana tafiya tana dafa bango. Na ce a ba ta kujera, ta ƙi, ta zauna a ƙasa da ƙyar. Ganin haka ya ƙara tunzura ni, don na ɗauka so ake a ɗaure ni da kunya. Na ce tunda ta zo, bari in fassara mata abin da take son bugawa a kek. Na ba ta labarin tsumma da juji da fuskar da aka juya bango, ban rage komai ba. Na ce wannan ba sunan ado ba ne, sunan macen da 'ya'yanta ke mutuwa ne, ke da ba ki san zafin komai ba sai na cinkoson motoci. Hawaye suka zubo mata. Ta bari na gama.

"Mama, na sani. Goggo Lami ta faɗa mani duka, har da jujin."

"Kin sani, kuma kike so a buga shi a jikin kofi?"

"Kofi ba nawa ba ne, na ɗanki ne. Bai san yadda zai faɗa maki ba, shi ya sa ya je ya sa aka zana." Ta goge fuska da gefen mayafi. "Wannan cikin shi ne na huɗu, Mama. Na farko kawai kika sani. Na ukun ya kai wata shida, mace ce, an yi mata wanka an kai ta. Ɗanki ya ce kar a faɗa maki saboda hawan jininki."

Abin da ya fara zuwa kaina shi ne maganar ritaya, da yawan lokutan da na faɗe ta, da murmushin da take yi.

Ta ce, "Ni ba juji zan kai ta ba, na san rai na Allah ne. Amma na duba sunaye sun fi ɗari. Wannan haske, wancan fure, wancan lambu. Duk na masu kwanciyar hankali ne. Wannan kaɗai ne na san wata mace ta sa shi tana jin irin tsoron da nake kwana da shi, kuma yarinyar ta zauna. Ga ki nan kina mani faɗa."

Shekara hamsin ina ɗauke da sunan nan a matsayin sunan wadda aka yar, sai ga yarinyar da na raina ta zo ta zauna a ƙasan ɗakina ta karanta mani shi daidai. Na ji kunya, kuma na ji haushin jin kunyar. Ban iya ba da haƙuri ba, kun sani, don haka na koma kan hujjata ta uku.

"To wa zai kira ta? Ke ba ki iyawa, shi ba ya iyawa."

"Ke za ki kira, Mama."

Na ce ta turo kular nan kafin tuwon ya huce. Na ci a gabanta, na ce gishiri ya ɗan yi yawa, ta yi dariya da sauran hawaye a fuska.

Kwana goma sha ɗaya bayan nan ta haihu lafiya. Ranar suna da safe liman ya raɗa Maryam a ƙofar gida, maza suka shafa fatiha. A cikin gida kuwa mata sun cika ɗaki, an miƙo mani jaririya, kowa ya zuba mani ido, don duk wadda ke wurin ko 'yata ce, ko surukata, ko ƙanwata, ba mai bakin faɗa. Lami ta ce, "Yaya, ai sai ki sa mata albarka." Na sunkuya na faɗa a kunnen yarinyar, a hankali, kamar mai mayar da kayan sata. Wannan ne karo na farko da sunan ya fito daga bakina tun ina makarantar kwana. Kofunan kuwa sai da aka raba su, da zinarensu da malam-buɗe-littafinsu, don Auta ya riga ya sa an buga. Guda huɗu aka kawo mani, da ɗaya nake shan maganin hawan jinin da aka fake da shi aka ɓoye mani rasuwar jikata.

Abin da na faɗa kuma shi ya faru. Kafin arba'in yarinya ta zama Mimi a bakin kowa. Ni kaɗai ke kiran ta da sunanta in sun zo hutu, shi ma a taƙaice, ƙasa-ƙasa, ba irin kiran Inna ba. Na ce a raina shi ke nan, an yi wahalar banza, suna zai sake komawa ƙarƙashin fenti ranar da na kwanta dama.

Sai Babbar Sallar bara. Yarinyar ta shekara biyu da rabi, ƙafarta ba ta zama wuri ɗaya. Ana suyar nama a tsakar gida da rana tsaka, an sauke kaskon mai a ƙasa yana tafasa, wadda ke suyar ta juya ɗauko tire. Ina ɗaki ina yanke farce. Fa'iza tana can bakin famfo, nesa, ta hango yarinyar ta nufi kaskon da gudu. Ba ta ce Mimi ba, Mimi ba ya tsayar da yaro. Ta ɗaga murya iya ƙarfinta ta raba sunan gida uku, ta ja na ƙarshen har numfashinta ya ƙare.

"A-ya-sheee!"

Na ce, "Na'am, Inna."

Ban san na faɗa ba sai da na ji shi a kunnena. Na tsinci kaina tsaye a bakin ƙofa, takalmi ƙafa ɗaya, abin yanke farce a hannu. Yarinyar ta ja birki taku biyu kafin kaskon, ta juyo tana kallon uwarta. Fa'iza ta rugo ta sure ta da hannu ɗaya, ɗaya hannun ta rufe bakinta, ta durƙusa a inda take.

"Mama, ki yafe mani, wallahi suɓutar baki ce."

Na ce mata, "Shekara ashirin da shida na yi ina jiran suɓutar bakin nan." Ba ta gane ba, ba wanda ya gane, na koma ɗaki na rufe ƙofa na yi kukan da ban yi ba ranar da aka fita da Inna. Da na gama na jawo akwatin, na sa gindin cokali na kankare sauran fentin kafinta.

To kun ji abin da ya faru, sai ku daina ƙara gishiri. Kuma tunda ni ce mai sunan, ni ke da ikon yafe kunyarsa, na kuwa yafe. Auta, Fa'iza, Lami, da ku sauran, ku kira yarinyar nan da sunanta, ina raye ko ba na raye, ku bar Mimin nan haka. Na san halin jinina. Wata rana za ta dawo daga makaranta da fuska a murtuke, ta ja uwarta gefe ta ce a daina kiran ta da sunan nan don ana yi mata dariya. Fa'iza, ranar nan ki rarrashe ta in kin ga dama, ki ja kunnenta in kin ga dama, ki ba ta wannan takarda ta karanta. Abu ɗaya kawai na hana ki. Kada ki ce mata to.